Shifta: Darasin Firamare Mai Wasa Kunne

Jama'a, kun tuna shifta? Malam na faɗa, muna rubutawa. To, mai shirin jarrabawar IELTS ya koma mata. Ɓangaren sauraro tambayoyi 40 ne, sau ɗaya tak ake kunna muryar, kuma kuskuren harafi ɗaya kan cinye maki.

Ka nemi sautin Turanci na minti ɗaya mai rubutaccen kwafi. Saurari jimla, tsayar, rubuta, sannan ka gwada da kwafin.

A nan kunne ke tona asiri. Babu "p" a baƙaƙen Hausa, shi ya sa "pan" ke zame mana "fan". Haka "thirteen" da "thirty". Kalmar da ta kayar da kai yau, da ita za ka fara gobe.

Ku wace kalma ce ke ruɗa ku?