Riƙe Fansho da Garatuti: Abin da Doka Ta Tanada

Fansho da garatuti haƙƙi ne na ma'aikacin da ya yi ritaya. A ƙananan hukumomin Gumel, Maigatari, Gagarawa da Sule Tankarkar, ma'aikatan ƙaramar hukuma da malaman firamare suna karɓar nasu ta hukumar fansho ta Jihar Jigawa da ke Dutse, inda ake cire wani kaso daga albashinsu kowane wata, gwamnati kuma ta ƙara nata.

Sashe na 210 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya haramta riƙe wannan haƙƙi ko rage shi, sai a inda doka ta ba da dama. Galibi uzurin da ake kawowa shi ne bashi, ko kayan gwamnati da ba a mayar ba, ko zargin almundahana. Sai dai zargi kaɗai bai isa ba. Sashe na 36 ya wajabta a saurari mutum kafin a yanke masa hukunci: a sanar da shi abin da ake tuhumarsa da shi, a ba shi damar kare kansa gaban waɗanda ba su da hannu a maganar. Riƙe kuɗin dattijo shekara da shekaru ba tare da haka ba zalunci ne.

Ma'aikatan kamfanoni kuwa suna ƙarƙashin dokar fansho ta 2014, kuma hukumar fansho ta ƙasa, wato PenCom, ce ke karɓar kokensu. Idan koke ya ci tura, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke da hurumin shari'ar fansho, kuma tana da reshe a Kano.