Alawar madara mai cakulan: Yadda za a kauce wa asarar jari

A garin Bande, da ke kan hanyar Damagaram zuwa Magariya, farantin alawar madara yana cikin ƙananan sana'o'in da mata ke samun na cefane da su. Idan aka ƙara mata garin koko, wato irin wanda ake yin cakulan da shi, sai ta yi launin ƙasa-ƙasa da ƙamshi mai jawo yara. Sai dai mun sha ganin mace ta zuba jarinta a tukunya, alawar ta ƙi daskarewa, ko ta yi garas-garas kamar yashi, kasuwar ranar ta wuce ta.

Matsalar duk tana wajen dahuwar sukari. A haɗa sukari gwangwani 2, madarar gari gwangwani 1 da aka dama da ruwa gwangwani 1, da garin koko cokali 4, a ɗora a wuta marar ƙarfi ana juyawa don kada ta kama. Idan ta fara kauri, a ɗiga kaɗan cikin ruwan sanyi. In ta watse, da saura. In ta dunƙule da laushi tsakanin yatsu, ta yi, a sauke nan take.

A nan ne 'yan'uwa mata da yawa ke kuskure, domin suna hanzarin tuƙawa da zafinta, abin da ke sa sukarin ya yi manyan ƙwayoyi. A jefa man shanu cokali 2, a bar ta ta huce har hannu ya iya taɓa gindin tukunya, sannan a tuƙa da muciya har sheƙinta ya ɗauke. A juye a farantin da aka shafa wa mai, a yanka.

Game da tsada kuwa, a shekarar 2024 tan ɗaya na koko ya haura dalar Amurka 10,000 a kasuwar duniya, bayan noman ya yi rauni a Kwaddebuwa da Gana. Don haka a riƙa auna shi da cokali, a kuma ƙara dakakkiyar gyaɗa ko soyayyen riɗi na gida domin ta yi auki. Mai amfani da Milo ta rage sukari, tunda akwai shi a ciki.

Shawararmu ita ce a fara gwadawa da rabin wannan awo, a lissafa kuɗin kaya da na itace, kafin a yanke farashin kowane yanki.