Ko Ka San Sarewar da Take Busa Kanta a Bagadaza?

Masu rubuta labaran almara suna son ƙirƙiro wani littafin tsafi wanda shafukansa cike suke da lambobi, wai duk wanda ya iya lissafin da ke ciki sai ya sa iska ta yi waƙa. To, an taɓa rubuta irin wannan littafi da gaske, kuma babu aljani ko ɗaya a cikinsa. A Bagadaza aka rubuta shi, a ƙarni na 9, zamanin Abbasiyawa, kuma 'yan'uwa uku ne suka yi aikin: Muhammad da Ahmad da Hasan, waɗanda tarihi ya sani da Banu Musa.

Mahaifinsu, Musa bin Shakir, masanin taurari ne kuma aminin Halifa Ma'amun, ko da yake an ruwaito cewa a ƙuruciyarsa ɗan fashi ne a hanyoyin Khurasan. Da ya rasu sai halifa ya ɗauki nauyin yaran, aka yi musu karatu a cibiyar ilimi ta Baitul Hikma. Wajen shekarar 850 suka fitar da Kitabul Hiyal, mai ɗauke da bayanin na'urori kusan 100. A ciki akwai fitilar da take ƙara wa kanta mai tana tura lagwaninta, da wadda iska ba ta kashe ta, da butar da za a zuba mata abin sha iri biyu ta tsiyayo kowanne daban.

Duk wannan somin taɓi ne. Abin da ya fi ɗaukar hankalina yana cikin wata 'yar risala dabam da suka rubuta a kan sarewar da take busa kanta.

Ga yadda take. Akwai babban tanki da aka raba ɗaki biyu. Ruwa yana kwarara cikin ɗaki ɗaya yana koro iskar da ke ciki zuwa bakin sarewa. Kafin ya cika, ɗaya ɗakin ya zubar da nasa ruwan ya shaƙi sabuwar iska, sai su yi canji. Saboda haka busa ba ta yankewa. Duk wanda ya taɓa tsayawa kusa da mai algaita a ƙofar fada ya ga kumatunsa a kumbure yana shaƙar iska ta hanci alhali sauti bai tsaya ba, to ya fahimci dabarar.

Iska kaɗai ba ta yin waƙa, sai da yatsu. Sai suka yi wa sarewar 'yan sanduna takwas, kowanne yana toshe huda ɗaya. Kusa da su akwai wani gungume mai siffar ganga, wanda ruwan yake juyawa ta hanyar gargare mai fukafukai. A jikin gungumen an kakkafa haƙora layi-layi, kowane layi yana daidai da sanda ɗaya. Da haƙori ya iso sai ya ɗaga sandarsa, huda ta buɗe, sauti ya fito. Da ya wuce sai ta rufe.

Nan ne lissafi ya shigo. Zagayen gungumen gaba ɗaya shi ne tsawon waƙar. Tsawon kowane haƙori kuma shi ne tsawon lokacin da za a riƙe sautinsa: sautin da ya kai bugu biyu, haƙorinsa ninkin na bugu ɗaya ne. Wato sun mayar da lokaci, abin da ba a gani ba a taɓawa, ya zama tsawo da ake aunawa da ma'auni a jikin gungume. In an gaji da waƙar, sai a sa wani gungume mai wani jerin haƙora, sarewar ta kama sabon take ba tare da an taɓa cikinta ba. Wannan ne ya sa masanin tarihin injuna Teun Koetsier, ɗan ƙasar Holan, ya ɗauke ta a matsayin na'ura ta farko da aka sani wadda ake iya sauya mata umarni, abin da a yau ake yi wa kwamfuta.

Amma ta yaya za a san inda za a kafa kowane haƙori? Sun ce a samo gungume a shafe shi da baƙin kaki, irin wanda Rumawa suke shafa wa allunan 'yan makaranta. Sai a kira gwanin busa, a ɗaura zare daga kowane yatsansa zuwa wani tsinke da ke saitin gungumen. Yana busa, gungume yana juyawa, duk yatsan da ya ɗaga sai tsinkensa ya karci kaki, gwargwadon daɗewar da yatsan ya yi a sama. In ya gama, ga waƙar kwance a jikin kaki, dogayen zane da gajeru. Sai maƙeri ya bi sawu yana kafa haƙora.

Ka duba fa! Thomas Edison bai ƙera na'urarsa ta naɗar murya ba sai 1877, shekaru dubu bayan haka, kuma ba a daɗe ba irin na'urar ta koma aiki da gungumen kaki. Bambancinsu shi ne, ta Edison girgizar sautin kanta take kamawa, ta Banu Musa kuwa motsin yatsun mabushi take rubutawa. Duk da haka, mabushin zai iya komawa gida, ko ma ya mutu, salon hannunsa yana nan ana saurara.

Kwafin risalar da ya tsira a Bairut aka same shi, aka buga shi a mujallar Al-Mashriq a 1906, sannan Henry George Farmer ya juya shi zuwa Turanci a 1931. A 2015 aka bi bayanin aka ƙera irin na'urar don wani baje koli a birnin Karlsruhe na Jamus.

Kada kuma a ɗauka Banu Musa waliyyai ne. Babban masanin lissafin kiɗa a zamaninsu shi ne Al-Kindi, kuma ba sa ga maciji da shi. Sun yi masa zagon ƙasa a wajen Halifa Mutawakkil har aka kwashe masa littattafai. Masu tarihi sun ruwaito cewa daga baya halifan ya ba su kwangilar haƙa magudanar ruwa zuwa sabon birninsa, Ja'afariyya, aka yi kuskure a awon zurfinta, ruwa ya ƙi gudu yadda ya kamata. Wanda aka tura ya bincika aikin, Sanad bin Ali, ya yarda ya rufa musu asiri bisa sharaɗin su mayar wa Al-Kindi littattafansa, suka mayar. Lokacin kogin Dijla ya cika, don haka aibin bai fito ba, kuma kafin ruwa ya janye an kashe halifan a 861. Da haka gwanayen sarrafa ruwa suka sha da ƙyar daga sharrin magudanar ruwa.