Kalmar «sau» da manunin sifiri: dalilin da ya sa 10⁰ yake daidai da 1

A littattafan lissafi akan ga ƙaramar lamba rataye a kafaɗar wata, kamar 2³. Faransanci yana kiran ta sama exposant. A nan za a kira ta ƙasa tushe, ta sama kuwa manuni, domin aikinta shi ne nuna yawan tushen da aka jera ana ninkawa: 2³ shi ne 2×2×2, watau 8. René Descartes ne ya yaɗa wannan rubutu cikin littafinsa La Géométrie na 1637.

Wahalar tana ɓullowa ne daga lafazi. Malami yakan ce wa ƴan makaranta «biyu a ninka shi da kansa sau uku». Maganar a karkace take tun farko, don kuwa cikin 2×2×2 biyu ya fito sau uku, amma ninkawa sau biyu kawai aka yi. Ban da haka, «sau» ta riga ta sami aiki: biyu sau uku, shida. Yaron da ya haddace cewa biyar sau sifiri sifiri ne, in aka nuna masa 5⁰, sifiri zai ce, kuma ba za a ga laifinsa ba, harshen ne ya kai shi can.

Amsar kuwa 1 ce. A dubi jerin goma: 10³ dubu, 10² ɗari, 10¹ goma. Duk lokacin da manuni ya ragu da ɗaya, an raba adadin da goma ke nan. Mataki na gaba, goma a raba da goma, ɗaya. Da biyu ma haka: 8, 4, 2, 1. Ƙa'idar rabawa tana tabbatar da wannan: 2⁵÷2³ shi ne 2², tun da ana ɗebe manuni daga manuni, saboda haka 2³÷2³ shi ne 2⁰, kuma takwas a raba da takwas ɗaya ne. Yarjejeniya ce tsakanin masana, amma babu wani adadin da zai bar ƙa'idar a tsaye sai 1. Nicolas Chuquet ya riga ya yi amfani da manunin sifiri a birnin Liyon tun 1484.

Rubutun lambobi kansa a kan wannan ya dogara. 1985 shi ne 1×10³ + 9×10² + 8×10¹ + 5×10⁰. Da a ce 10⁰ sifiri ne, da biyar ɗin ta ɓace, an koma 1980.

Lafazin da ya fi dacewa da littattafan koyarwa shi ne: «a fara da ɗaya, a ninka shi da biyu sau uku». Ga 1×2×2×2, ninkawa uku cif. In aka ce sau sifiri, ba a taɓa ɗayan ba, yana nan yadda yake, kuma «sau» ta riƙe ma'anar da Bahaushe ya san ta da ita.

Saura 0⁰. Hanyar rabawa ba ta aiki a kansa, domin ba a raba adadi da sifiri. A 1821 Cauchy ya sa shi cikin siffofin da ba su da tabbataccen sakamako. A aljabara dai akan ɗauke shi 1, kuma abin da wannan lafazi yake bayarwa ke nan.