Finafinai Marasa Sauti da Dabbobin Manoman Masar

A ƙarshen 1896 aka fara haska majigi a Iskandariyya. Shekara na zagayowa, kamfanin 'yan'uwan Lumière na Faransa ya turo Alexandre Promio ƙasar Masar da na'urar ɗaukar hoto wadda ake juyawa da hannu. Kowane fim nasa bai cika minti ɗaya ba, kuma babu sauti. Ya ɗauki raƙuma suna fitowa daga gadar Ƙasrun Nil a Alƙahira, da mahaya jakuna a ƙauyen Sakkara.

Turawa aka yi wa waɗannan finafinai, don su sha kallon baƙuwar ƙasa. Amma a cikinsu, da waɗanda suka biyo baya, an adana mana zaman manomin Masar da dabbarsa. Dukiyarsa ita ce jamusa, wato baunar gida: ita ke jan garma, ita ke ba da madara da man shanu. Shi kuma ya shuka mata ciyawar barsim da hunturu, idan rana ta take yara su kai ta magudanar ruwa ta jiƙa jikinta, domin ba ta jure zafi.

Dubi sakiya, keken ɗebo ruwan ban-ruwa. Ana ɗaura wa sa ko jamusa itace a wuya, a rufe mata ido don kada jiri ya ɗebe ta, tana zagayawa, tuluna na nitsewa suna fitowa cike suna juyewa a kwalbati. Yaro na biye da ita da tsumagiya. Irin wannan ilmi ba a rubuce yake ba; ɗa ya gani wurin uba ne. Shi ya sa hoto mai motsi ya fi dogon bayani amfani a nan.

A 1923 Muhammad Bayumi ya fara fitar da labaran majigi na Amon, Misirawa suka soma ɗaukar ƙasarsu da kansu. Daga baya babbar madatsar ruwa ta Aswan, wadda aka kammala a 1970, ta tsayar da ambaliyar Nilu ta shekara-shekara, injin dizal kuma ya ture sakiya a yawancin gonaki.

Faifan waɗancan finafinai na farko na sinadarin naitiret ne, yana ruɓewa, ga saurin kama wuta. Wajibi ne gidajen adana tarihi su kwafe abin da ya rage zuwa kwamfuta, su buɗe shi ga ɗalibai da jikokin waɗancan manoma.