Shin Ko Kun San? Na'urorin da Ke Tsare Lissafin Lokaci

A fina-finai da ƙagaggun labaran kimiyya akan nuna wata na'ura mai riƙe linzamin lokaci, ta hana shi gudu, ta hana shi jan ƙafa. Har yau ba a ƙera irinta ba. Abin da ɗan Adam ya iya shi ne ƙera na'urorin da ke daidaita ƙidayar lokaci, kuma aikinsu yana isowa har cikin wayar da ke aljihun mai cinikin shanu a kasuwar Mubi.

Shin ko kun san cewa marubucin Ingila H. G. Wells ne ya shahara da labarin na'urar tafiya cikin lokaci, a littafin da ya fitar a 1895? Mu ma muna da namu ƙagaggen labarin kimiyya: a 1969 Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya, labarin yaron da aka tafi da shi yawo sararin samaniya.

Shin ko kun san cewa agogon Najeriya ya fi dacewa da ranar Mubi a kan ta Legas? An gina lokacin ƙasar nan ne a kan layin digiri 15 gabas da Greenwich ta Ingila. Mubi tana kan digiri 13 da 'yan kai, Legas kuwa ba ta kai digiri 4 ba. Duniya tana juya digiri ɗaya a kowane minti huɗu. Saboda haka rana kan tsaya tsaka a Mubi kusan minti 40 kafin Legas, kusan rabin awa kafin Sakkwato, kusan minti 20 kafin Kano. Shi ya sa mai azumi a Mubi yakan sha ruwa alhali ɗan'uwansa na Sakkwato yana ganin rana da sauranta.

Shin ko kun san cewa a da kowane gari da lokacinsa? Zuwan jirgin ƙasa da wayar tangarahu ne ya tilasta a daidaita. A 1884 aka yi taro a birnin Washington na Amurka, aka amince da Greenwich a matsayin mafarin awo. Najeriya ta koma kan awa ɗaya gaba da Greenwich a 1919. Kamaru da Nijar da Chadi duk a kan wannan lokaci suke, don haka wanda ya tsallaka iyaka daga Mubi ba ya bukatar taɓa agogonsa. Alhaji mai zuwa Makka kuwa sai ya ƙara awa biyu.

Shin ko kun san cewa tsare lokaci ya taɓa zama muƙami a manyan masallatai? Ana kiran mai riƙe da shi muwaƙƙit. Ibn al-Shatir, wanda ya yi wannan aiki a Masallacin Banu Umayya na Dimashƙa a ƙarni na 14, ya ƙera agogon inuwa domin fitar da lokutan salla.

Shin ko kun san cewa a cikin agogon batir mai araha akwai wani ɗan ƙanƙanen dutse da ke karkarwa sau 32,768 a kowane sakan? Wannan karkarwar agogon ke ƙirgawa.

Shin ko kun san cewa tun 1967 aka daina auna sakan da motsin duniya? Louis Essen ya ƙera agogon atom na farko mai inganci a Ingila a 1955. Bayan shekara goma sha biyu, masana suka amince cewa sakan ɗaya shi ne tsawon kaɗawa 9,192,631,770 na hasken da atom ɗin sinadarin siziyom ke fitarwa. A yau wani ofishin ƙasa da ƙasa da ke kusa da birnin Paris na Faransa yana haɗa sakamakon ɗaruruwan irin waɗannan agogo, ya fitar da lokacin da duniya ke bi.

Shin ko kun san cewa ita kanta duniya ba ta juyi da sauri iri ɗaya? Jan da wata ke yi wa ruwan teku yana rage mata gudu kaɗan-kaɗan. Don kada agogon atom ya rabu da rana, tun daga 1972 an ƙara sakan guda-guda har sau 27, na ƙarshe a daren 31 ga Disamba, 2016. Wannan ƙari yana rikita kwamfutoci, shi ya sa a 2022 aka yanke shawarar daina shi nan da 2035.

Shin ko kun san cewa lokaci ya fi sauri a kan dutse? Albert Einstein ya nuna cewa gudu da ƙarfin jan ƙasa suna shafar tafiyar lokaci. Agogon da aka ajiye a ƙololuwar duwatsun Mandara zai ɗara wanda ke bakin kogin Yedzaram sauri, ko da yake bambancin ya yi ƙanƙantar da mutum ba zai ji shi ba. A 1971 wasu masana biyu, Hafele da Keating, suka zagaya duniya a jirgin sama da agogon atom, suka dawo suka tarar ya saɓa da wanda aka bari a ƙasa.

Shin ko kun san cewa ba don gyaran lokaci ba, da taswirar wayarku ta ɓatar da ku? Taurarin ɗan Adam na GPS suna shawagi a nisan kilomita 20,200, kuma agogonsu yana wuce na ƙasa da kashi 38 cikin miliyan na sakan a kullum. Da an bar shi haka, kuskuren wuri zai riƙa ƙaruwa da kusan kilomita 10 kowace rana.

Shin ko kun san cewa shekarar Hijira kwana 354 ce ko 355? Ta gaza ta Miladiyya da kusan kwana 11, shi ya sa azumi ke zagaya bazara da damina da hunturu cikin kusan shekara 33.

Jama'ar Mubi da kewaye, idan jadawalin salla ko na shan ruwa ya zo hannunku, ku duba wane gari aka yi wa lissafinsa kafin ku bi. Ɗaliban Jami'ar Jihar Adamawa da na Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya da ke Mubi kuma, ku zauna da limamai da ladanai ku fitar wa garinku nasa jadawalin bisa lissafi mai inganci.