Karen Motar da Ke Kai Rahoto

Duk wanda ya taɓa tashi daga Gangaren Tudu da asuba ya bi mota zuwa Abuja, ko ya bi babbar mota da dare ta hanyar Akwanga, ya san amfanin karen mota. Idonsa na kan direba. Da ya ga kai ya fara rangaji sai ya miƙa goro, ya jawo hirar da ba ta da kai ba ta da gindi, in abin ya ci tura ya ce, "Oga, mu ɗan tsaya ka wanke fuska." An sauke kaya, magana ta mutu a mota.

To, yanzu an ƙera hular da ke wannan aiki. Kamfanin SmartCap na Ostireliya ne ya ɗinka na'ura a bakin hula, tana karanta ɗan motsin lantarkin da ƙwaƙwalwa ke fitarwa, ta gane barci na tafe tun kafin mutum ya ji shi a idonsa. Direbobin manyan motocin haƙar ma'adinai sun daɗe suna sawa. A ganina wannan alheri ne. Gyangyaɗin daƙiƙa biyu a gangara ya isa ya mai da yara marayu. Jihar Nasarawa kuwa, da haƙar litiyam ke bunƙasa cikinta, ba ta yi nisa da irin wannan kaya ba.

Sai dai hular ba ta da kunya, ba ta kuma mantuwa. Karen mota ne da ke rubuta kowace hamma a littafi ya kai wa mai mota. Littafin zai ce direba ya gaji ranar Talata. Ba zai ce ya kwana a asibiti da ɗa mai zazzaɓi ba, ko mai motar ne da kansa ya sa shi sawu biyu a rana guda. Amma da wannan littafi za a yanke wa za a ƙara wa albashi, wa za a sallama. A 2018 jaridar South China Morning Post ta ruwaito cewa wasu masana'antu a Hangzhou na sa wa ma'aikata irin waɗannan huluna, har ana neman gane fushi da damuwa. Nan an wuce tsaron rai, an shiga leƙen zuci.

Ƙasar Chile ta gyara tsarin mulkinta a 2021 don kare bayanan ƙwaƙwalwa, kuma a 2023 kotun ƙolinta ta umarci kamfanin Emotiv, mai ƙera irin waɗannan na'urori, ya goge na wani tsohon sanata, Guido Girardi. Mu nan muna da dokar kare bayanan sirri ta 2023, wadda ta ba yardar mutum muhimmanci. Amma wace irin yarda ce? Direba mai iyali, ga matasa birjik a tasha suna jiran makullin, in aka ce ya sa hula ko ya sauka, sawa zai yi. Shi ya sa nake ganin ya kamata ƙararrawar da hular ke bugawa ta tsaya a kunnen direba. Abin da ya kamata ya isa ofis shi ne yawan awannin da ake sa mutane tuƙi ba hutu, kuma wannan lissafi mai mota ya riga ya san shi.